Shin Gaskiya Ne Ana Ba Sojojin Amurka Tikitin Kallon Besbol Kyauta?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ƙanena ya shiga rundunar sojan ruwan Amurka, yanzu yana aiki a sansanin Norfolk da ke jihar Virginia, yana zaune da matarsa da 'ya'yansu biyu. Ina da niyyar kai masa ziyara a tsakiyar shekara, kuma ina sha'awar ganin wasan besbol da idona. Na ji ana cewa a can soja ba ya biyan kuɗin shiga filin wasa. Gaskiya ne? Idan haka ne, wa ya cancanta, ta ina ake karɓa, kuma ni da ba soja ba zan iya shiga tare da shi?

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Allah Ya kai ka lafiya, Ya kuma tsare ƙanen naka a bakin aikinsa. Labarin da ka ji yana da tushe, sai dai an ƙara masa gishiri kafin ya iso kunnenka. Babu wata doka ta gwamnatin Amurka da ta ce a buɗe wa soja ƙofar filin wasa kyauta, haka kuma hukumar babbar gasar besbol ta ƙasar, wadda ake kira MLB, ba ta da tsari guda da ta ɗora wa kowa. Ƙungiyoyi 30 ne ke buga gasar, 29 a Amurka, ɗaya a birnin Toronto na Kanada, kuma kowace ɗaya kamfani ce mai zaman kanta da ke yanka farashin tikitinta, ta kuma zaɓi wanda za ta yi wa rangwame. Saboda haka abin da soja zai samu a New York daban yake da abin da zai samu a San Diego, kuma abin da aka ba shi bara yana iya canjawa bana, domin kafin kowace kakar wasa ƙungiyoyin kan sake duba tsare-tsarensu. Kusan dukkansu sun tanadar wa sojoji wani abu, amma kyauta ce ta ganin dama, ba haƙƙi ba ne da mutum zai tsaya a bakin taga ya ce sai an ba shi.

Idan kana son ka san ranar da za a samu tikitin kyauta da ranar da ba za a samu ba tun kafin ka tambayi kowa, to ka fara fahimtar inda tikitin yake fitowa. Besbol ba sau ɗaya ko sau biyu ake buga shi a mako ba. Kusan kullum ake yin sa tun daga ƙarshen watan Maris har ƙarshen Satumba. Kowace ƙungiya tana buga wasanni 162 a kaka ɗaya, 81 daga ciki a filinta, wato jimillar wasanni 2,430 ke nan a gasar baki ɗaya. A shekarar 2023 tikitin da aka ƙirga ya ɗan haura miliyan 70, abin da ya kama kusan mutum 29,000 a kowane wasa, alhali yawancin filayen suna ɗaukar mutum 40,000 ko fiye, na ƙungiyar Dodgers da ke Los Angeles ma 56,000 yake ɗauka. Ke nan a daren da ba na musamman ba, dubban kujeru ne ke kwana ba kowa a kansu. Kujerar filin wasa kuwa tamkar kujerar motar haya ce: da zarar mota ta bar tasha da wurin mutum ɗaya a buɗe, kuɗin wannan wurin ya tafi ke nan, ba a ajiye shi a sayar gobe. Idan ƙungiya ta miƙa wa soja irin wannan kujera ba ta yi asarar komai ba, kuma wanda ya zauna a kanta zai biya kuɗin ajiye mota, ya sayi abinci da abin sha, wataƙila ya saya wa yaro hula mai tambarin ƙungiyar, sannan ga sunan kirki da ƙungiyar ta samu a gari. Ba ina rage darajar kyautar ba ne, domin mutane da yawa da ke gudanar da waɗannan shirye-shirye tsakani da Allah suke yi, wasunsu ma tsofaffin sojoji ne. Amma lissafin kasuwa shi ne ke yanke yawan tikitin da za a bayar da kuma ranar da za a bayar.

Daga nan sauran bayanin yake fitowa. Tikitin kyauta ya fi samuwa daga Litinin zuwa Alhamis, da watan Afrilu lokacin da sanyi bai gama tafiya ba kuma yara suna makaranta, da watan Satumba idan ƙungiyar ta riga ta fid da rai daga zuwa zagayen ƙarshe, da kuma ranar da baƙuwar ƙungiyar ba mai farin jini ba ce. Kujerun kuma galibi na can sama ne ko na bayan fili. Ranar buɗe kaka, da ranar 4 ga Yuli da Amurka ke bikin 'yancin kai, da daren Asabar da ake wasan wuta bayan an tashi, da duk ranar da Yankees ko Dodgers ko Red Sox suka zo baƙunci, waɗannan ranaku ne da ake cire su daga rangwame a mafi yawan wurare, wasannin watan Oktoba na neman kofi kuwa ba a ma kawo maganarsu. Abin ya ƙara tsananta tun da ƙungiyar San Francisco Giants ta gwada farashi mai hawa da sauka a kan wasu kujeru a 2009, ta shimfiɗa shi a filinta gaba ɗaya a 2010, sauran ƙungiyoyi kuma suka bi sahu. Yanzu kwamfuta ce ke ɗaga farashi ko ta sauke shi gwargwadon yadda ake rububin wasa, don haka rangwamen kashi 20 cikin ɗari a wasa mai zafi yana iya fin cikakken farashin wasan daren Talata tsada.

Tsarin da New York Yankees ta yi shekaru tana bi ya isa misali. Sojan da ke bakin aiki zai je tagar sayar da tikiti a ranar wasan, ba kafin ranar ba, sa'o'i biyu kafin a fara, ya nuna katin shaidarsa, a ba shi tikiti ɗaya kyauta a benen sama ko a bencin bayan fili, ko kuma ya sayi tikiti ɗaya a rabin kuɗi a wasu sassan da suka fi kyau. Wannan kuma a zaɓaɓɓun wasannin Litinin zuwa Alhamis ne kawai, idan akwai sauran wuri. Ka lura da kalmar ɗaya, domin a nan ne mutane da yawa ke shan mamaki: sojan ne ya shiga kyauta, matarsa da 'ya'yansa sai an saya musu. Wasu ƙungiyoyin kuma ba sa ba da kyauta ko kaɗan, sai rangwame, amma su bar soja ya sayi tikiti huɗu ko fiye a kan wannan farashin, wanda ga mai iyali sau da yawa ya fi tikiti ɗaya na kyauta amfani.

Hanyoyin samun tikitin ba su tsaya ga tagar filin wasa ba, kuma a ganina ita ce ma hanya mafi rauni a yanzu, tun da an koma sayar da kusan komai ta intanet, tikitin kuma yana zuwa ne cikin manhajar MLB Ballpark a waya, a haska shi a bakin ƙofa. Ƙungiyoyi da yawa sun miƙa aikin tantance sojoji ga kamfanoni irin su GovX da ID.me. Mutum zai buɗe asusu sau ɗaya, a tabbatar da cewa soja ne, daga nan sai shafin rangwame ya buɗe masa a duk ƙungiyar da ke hulɗa da kamfanin. Abin lura a nan shi ne kuɗin hidima da ake ɗorawa a ƙarshen ciniki, wanda wani lokaci yake cinye rabin rangwamen, don haka kada a kwatanta farashin da ke rubuce a jikin kujera, a kwatanta jimillar da za a cira daga kati. Yana da kyau kuma a leƙa kasuwar sake sayar da tikiti, irin su SeatGeek da StubHub, sa'o'i kaɗan kafin wasa, domin masu tikitin shekara da ba za su samu zuwa ba sukan karyar da nasu ƙasa da duk wani rangwamen soja.

Hanyar da ta fi kusa da abin da ka ji ita ce gidauniyar Vet Tix, wadda aka kafa a jihar Arizona a 2008. Aikinta shi ne tattara tikitin da ƙungiyoyin wasa da kamfanoni da ɗaiɗaikun mutane suka bayar sadaka, ta raba wa sojojin da ke bakin aiki, da tsofaffin sojoji, da iyalan waɗanda suka rasu a fagen daga. Tikitin kansa kyauta ne, ɗan kuɗin hidima kawai ake biya a kan oda ɗaya, kuma yawanci ana ba mutum biyu zuwa huɗu, ya tafi da wanda ya ga dama. Idan tikitin ya yi yawa, wanda ya riga nema shi ke samu. Idan masu nema suka fi tikitin yawa, sai a yi ƙuri'a, mambobi su zuba makin da suke tarawa a asusunsu don ƙara damar cinyewa. Bayan wasa ana so mutum ya aika saƙon godiya, sau da yawa da hoto, ga wanda ya ba da tikitin, kuma wannan ba wasa ba ne a wurinsu, domin da shi suke jawo masu bayarwa su sake bayarwa. Rauninta ɗaya ne ga mai shirin tafiya irin taka: ba ka da iko a kan ranar. Tikitin yakan fito ne kwanaki kaɗan kafin wasa, lokacin da ƙungiya ta tabbatar ba za ta sayar da kujerun ba, don haka ba a gina tafiyar jirgi a kansa.

Sai kuma abin da ke cikin sansanin kansa, wanda sababbin sojoji da yawa ba sa waiwayarsa. Kowace runduna tana da sashen walwala da nishaɗi da ake kira MWR, a ƙarƙashinsa kuma akwai ofishin tikiti da tafiye-tafiye, wanda aka fi sani da ITT. Ofishin yana sayen tikiti da yawa a farashin sari ya sayar wa masu katin soja da sauƙi, wani lokaci kuma ƙungiya takan aiko da tikiti kyauta a raba ta hannun kwamandoji ko ta hannun USO, ƙungiyar da tun 1941 take hidimar walwalar sojoji. Rundunar ruwa tana da wani shiri mai suna Liberty da ke kai ƙananan sojoji kallon wasa da mota a kuɗi kaɗan, amma na marasa aure ne da waɗanda iyalinsu ba sa tare da su, don haka bai shafi ƙanenka ba.

Game da wanda ya cancanta, ba duk wanda ya taɓa sa kaki ake yi wa kallo ɗaya ba. Akwai sojan da ke bakin aiki, akwai na ko-ta-kwana da dakarun National Guard na jihohi, akwai wanda ya yi ritaya bayan shekara 20, akwai wanda ya yi 'yan shekaru ya fita lafiya, sannan akwai iyali. Sojojin da ke bakin aiki kusan miliyan 1.3 ne, tsofaffin sojoji kuwa sun haura miliyan 15, kuma wannan tazara ita ce ta sa tikitin kyauta a bakin taga yakan tsaya ga rukunin farko, rangwame kuma ya game sauran. Ƙanenka yana rukunin farko, shaidarsa kuma ita ce katin CAC, mai ɗauke da hotonsa da ɗan guntun ƙarfe na lantarki. Matarsa tana da nata katin na iyalin soja, yara kuma ana fara yi musu ne daga shekara 10, ƙananan ba a tambayarsu komai. Wanda ya bar aiki yakan nuna takardar sallama da ake kira DD-214, ko lasisin tuƙi mai alamar tsohon soja, ko katin da ma'aikatar kula da tsofaffin sojoji ta fara bayarwa a 2017. Daga ranar 1 ga Janairun 2020 kuma doka ta buɗe ƙofar kantunan bariki da wuraren MWR ga tsofaffin sojojin da suka samu naƙasa a bakin aiki, da masu lambar yabo ta Purple Heart da ake ba sojan da aka raunata a yaƙi, da waɗanda suka taɓa zama fursunonin yaƙi. Wani abu da ya kamata ƙanenka ya kiyaye, kuma na tabbata an gaya masa tun a wurin horo: dokar tarayya ta hana ɗaukar hoton katin soja ko kwafarsa ba tare da izini ba. Mai sayar da tikiti yana da damar ya duba katin ya mayar masa, amma idan wani shafi ya nemi a ɗauki hoton katin a tura, to a bar shafin.

Kai kuwa, Malam, a idon tsarin soja ɗan'uwa irinka ba ya cikin iyalin da ake lissafawa, mata ce da 'ya'ya, sai iyaye a wasu sharuɗɗa. Ba za a ba ka tikiti da sunanka ba, amma za ka shiga a matsayin baƙonsa a duk inda aka yarda soja ya karɓi tikiti fiye da ɗaya, wato Vet Tix, da ofishin ITT, da rangwamen da ake saye ta intanet. Sharaɗin shi ne shi ya karɓa, kuma ya kasance tare da ku, domin a wasu filayen ana sake neman katin a bakin ƙofa. Kada a yi tunanin ya ba ka katinsa ka je da shi ranar da yake bakin aiki, wannan laifi ne a dokar tarayya da zai iya jawo masa hukunci, kai kuma ya shafi bizarka. Sayar da tikitin kyauta ma haramun ne a ƙa'idar masu bayarwa, kuma Vet Tix na rufe asusun wanda aka kama. An ga yadda ake ɗaukar wannan da muhimmanci a ranar 3 ga Yulin 2016, lokacin da MLB ta gina fili na wucin gadi mai kujeru 12,500 a barikin Fort Bragg da ke jihar North Carolina, inda Miami Marlins ta doke Atlanta Braves da ci 5 da 2. An raba tikitin kyauta ga sojoji da iyalansu da ma'aikatan tsaro, da sharaɗin ba a miƙa wa wani, kuma da aka fara ganin wasu a kasuwar intanet sai hukumar barikin ta yi gargaɗin cewa duk wanda ya sayar zai fuskanci hukunci.

Akwai wata ƙa'ida da ba kasafai ake ambata ba, amma ta shafi soja kai tsaye. Ma'aikacin gwamnatin tarayya, har da soja, ba a yarda ya karɓi kyautar da aka ba shi saboda muƙaminsa ba idan ta wuce dala 20 a lokaci ɗaya, ko dala 50 a shekara daga hannun mutum ɗaya. Rangwame ko kyautar da aka buɗe wa dukkan sojoji ba tare da duba muƙami ba ba ta shiga wannan lissafi, shi ya sa shirye-shiryen da na ambata ba su da matsala. Inda ake zamewa shi ne idan ɗan kwangilar da ke hulɗa da sashen da mutum yake aiki ya miƙo masa tikitin ɗakin alfarma, a nan sai ya tambayi jami'in da'a na rundunarsa kafin ya miƙa hannu.

Wannan alaƙa tsakanin besbol da soja tsohuwa ce. Bayan harin da Japan ta kai wa sansanin sojan ruwan Amurka na Pearl Harbor a Disambar 1941, shugaban gasar Kenesaw Mountain Landis ya tambayi Shugaba Franklin Roosevelt ko a dakatar da wasa, sai Roosevelt ya amsa a wasiƙar 15 ga Janairun 1942 cewa ya fi kyau a ci gaba, domin mutanen da ke aiki tuƙuru suna buƙatar abin da zai ɗebe musu kewa. 'Yan wasan babbar gasar fiye da 500 ne suka shiga soja a Yaƙin Duniya na Biyu, cikinsu da Bob Feller wanda ya shiga sojan ruwa kwana biyu bayan harin, da Ted Williams wanda daga baya ya sake komawa ya tuƙa jirgin yaƙi a Koriya, kuma a waɗannan shekaru filaye da yawa suna barin mai kaki ya shiga ba tare da ya biya ba. Daga nan ne wataƙila maganar da ka ji ta samo asali. A 1973 an ba fursunonin yaƙin da suka dawo daga Biyetnam katin shiga wasa na tsawon rai, aka kuma maimaita hakan a 1981 ga Amurkawa 52 da aka tsare kwana 444 a Iran. A zamanin nan kuwa San Diego Padres ce ta yi fice, kasancewar garin cike yake da sojan ruwa. Ita ce ta fara buɗe sashen hulɗa da sojoji a 1995 ƙarƙashin Jack Ensch, tsohon hafsan sojan ruwa da ya yi zaman fursuna a Biyetnam, ta kuma fara sa riga mai launin kakin soja a 2000. A wasannin Lahadi akan kawo kurata daga sansanin horar da dakarun Marine da ke garin, su cika wani sashe na benen sama cikin kaki, a tsakiyar wasa a buga taken rundunarsu su miƙe tsaye cak, 'yan kallo kuma su tashi suna tafi.

Ba duk irin wannan karramawa ce ta fito daga aljihun ƙungiya ba, kuma ya dace ka san haka. A watan Nuwamban 2015 sanatoci biyu daga Arizona, John McCain da Jeff Flake, sun fitar da rahoto da ya nuna ma'aikatar tsaro ta kashe dala miliyan 53 a kan kwangilolin talla da ƙungiyoyin wasanni tsakanin 2012 da 2015, kuma kusan dala miliyan 6.8 daga ciki sun tafi ne wajen biyan kuɗin bukukuwan karrama sojoji da 'yan kallo suka ɗauka kyauta ake yi. A besbol Atlanta Braves ce ta fi karɓa, dala 450,000, an kuma biya Milwaukee Brewers dala 49,000 don ɗaukar nauyin rera waƙar kishin ƙasa a wasannin Lahadi. Bayan rahoton an hana wannan ɗabi'a, hukumar ƙwallon Amurka ta NFL ma ta mayar da fiye da dala 700,000. A ganina darasin ga soja shi ne ya karɓi tikitin da godiya ba tare da jin nauyi ba, domin ƙungiyar ma tana cin moriyar zuwansa, kuma ba dole ba ne ya sa kaki ko ya miƙe tsaye idan aka nemi sojoji su tashi a tafa musu, sai in ya so.

Yanzu ga abin da ya shafi tafiyarka. Norfolk tana da sansanin sojan ruwa mafi girma a duniya, amma ba ta da ƙungiya a babbar gasar. Mafi kusa ita ce Washington Nationals, tafiyar kimanin kilomita 310, wadda a mota takan ci sa'o'i uku da rabi zuwa huɗu idan cunkoson ramin ƙarƙashin ruwa na Hampton Roads da na babbar hanyar I-95 bai tsare ku ba, Baltimore kuma tana gaba da nan. Idan ka haɗa kuɗin mai da na ajiye mota da wataƙila kwanan otal, tikitin kyauta ya zama ƙaramin abu a cikin lissafi. Ko ga wanda ke zaune a garin da filin yake ma haka ne: a 2023 matsakaicin farashin tikitin babbar gasar kimanin dala 37 ne, amma ƙiyasin abin da iyali mai mutum huɗu ke kashewa a wasa ɗaya, da abinci da abin sha da ajiye mota da huluna, ya haura dala 260, wato kusan rabin kuɗin ba na tikiti ba ne. Ga ƙaramin sojan da tushen albashinsa a 2024 ya ɗan haura dala 2,000 a wata, wannan ba ƙaramin kuɗi ba ne.

Shawarata ita ce ku fara da ƙungiyar garin, Norfolk Tides, wadda ke buga mataki na ƙasa da babbar gasar kai tsaye, kuma ita ce ke rainon 'yan wasan Baltimore Orioles tun 2007. Kada kalmar ƙaramar gasa ta ruɗe ka, ƙwararru ne da ake biya, kuma daga nan ake ɗaukarsu zuwa sama. Adley Rutschman da Gunnar Henderson, waɗanda suka yi suna a Orioles, duk sun bi ta Norfolk, ƙungiyar kuma ta ci kofin matakinta a 2023. Filinsu na Harbor Park, wanda aka buɗe a 1993 a bakin kogin Elizabeth, yana ɗaukar mutum kusan 12,000, ƙaramin jirgin ƙasa na cikin gari yana tsayawa a bakinsa, kuma suna buga wasanni 75 a gida, a jere daga Talata zuwa Lahadi a makon da suke gari. Tikitin ya fi na babbar gasa arha sosai, kujerar kuma tana kusa da fili yadda za ka ji ƙarar ƙwallo a safar mai cafkewa, wanda ga wanda bai taɓa kallon wasan ba ya fi zama can sama a Washington inda 'yan wasa suke ƙanana a ido. Ƙungiyoyi 120 na ƙananan gasar da yawansu suna garuruwan sojoji ne, kamar Fayetteville da El Paso da Tacoma da Pensacola, kuma da yake sojoji ne masu sayen tikitinsu, sun fi manyan ƙungiyoyi sakin hannu wajen ware musu ranaku. Ƙanenka ya leƙa ofishin ITT da shafin ƙungiyar da zarar an fitar da jadawalin bukukuwan kaka, musamman kusa da Asabar ta uku ta watan Mayu, wadda ita ce ranar dakarun ƙasar.

Idan kuma ka ƙudura sai ka ga babbar gasa, ku zaɓi tsakiyar mako, ya buɗe asusun Vet Tix da na GovX tun makonni kafin zuwanka domin tantancewa takan ɗauki lokaci, kuma kada ku sayi tikiti da wuri, saboda jadawalin aikin sojan ruwa yana canjawa ba sanarwa, tikitin rangwame kuma ba a mayar da kuɗinsa. Ku tafi da katin banki, yawancin filayen sun daina karɓar tsabar kuɗi. Ku yi hattara da abincin fili, domin naman da ake sakawa a cikin burodi sau da yawa akwai alade a ciki, ana kuma sayar da giya a ko'ina. Wasu filaye kamar na Baltimore suna barin mutum ya shigo da abincinsa a cikin leda mai nuna abin da ke ciki, sai a duba ƙa'idar fili kafin a fita daga gida. Matsakaicin tsawon wasa yanzu kimanin sa'o'i biyu da minti 40 ne tun da aka sa agogon da ke ƙayyade wa mai jifan ƙwallo lokaci a 2023. A gabashin Amurka kuma ana yawan ruwan sama da yamma a watannin Yuni zuwa Agusta, besbol kuwa ba a buga shi cikin ruwa mai ƙarfi. Idan aka kammala zagaye biyar daga cikin tara kafin a tashi, an ɗauka wasan ya cika, babu abin da za a mayar wa kowa. Idan aka ɗage shi kafin nan, wanda ya biya kuɗi ko da a rangwame ne yakan yi amfani da tikitinsa a ranar da aka sake sa wa ko ya canja shi da wani wasa, amma tikitin kyauta galibi ba a canja shi, don haka ku sa ranar kallon a farkon ziyararka domin a samu wata ranar idan ruwa ya hana.